Dokar Ɗinki ta Birnin Gishiri

Yaran nan masu rubuta labari a waya sukan turo mini, su ce, "Baba Ɗanlami, ɗan duba mana, ai minti biyar ne." Minti biyar! Wata 'yar maƙwabtanmu a nan Gyadi-Gyadi ta turo mini nata kwanan baya, na tarar ta aurar da mutum a shafi na tara bayan ta binne shi a shafi na huɗu. Da na nuna mata sai ta ce, "Baba, ba wanda zai lura." To ni na lura, kuma da wannan lurar na ci abinci shekara uku. Ku a wurinku duba labari shi ne a gyara harafin da ya karkace. Wannan ko ɗan firamare zai yi, ni ma iyakacin karatuna ke nan. Aikin da na yi daban ne. Ni mai tsaron labari ne, wato wanda ke hana marubuci ƙaryata kansa.

Ba da shi na fara ba. Na fara da ninkin takarda a wani ƙaramin gidan bugu a Tarauni, ɗaki biyu, inji ɗaya mai tari kamar tsohon mashayin taba. Inji ya fito da babbar takarda, mu ninke, mu jera, mu soka mata ƙarfe biyu a tsakiya, a yanke gefe. Sauran masu ninki hira suke yi. Ni kuwa ba na iya riƙe takarda mai rubutu ban karanta ba, in na karanta kuma ba na iya mantawa. Lokacin ana buga wani littafin yaƙi, Mayaƙan Birnin Gishiri, irin labaran nan na zamanin jahiliyya, da aljanu da bokaye da takubba masu magana. Kashi-kashi yake fitowa. Mai rubuta shi Malam Tasi'u ne, dogo, mai son turare, yana rubutu kamar ana korar sa, kuma abin da ya rubuta jiya ba ya sake waiwayarsa.

Kashi na biyar ne ya haɗa ni da shi. Ina cikin ninki na ga Sadauki Darmazu, jarumin littafin, ya hau dokinsa Tsawa ya nufi fagen fama. Na ajiye takardar. Tsawa ya mutu tun a kashi na uku, kibiya mai dafi ta same shi a wuya, Darmazu ya yi masa kuka har shafi biyu. Na yini ina juya maganar, in faɗa ko kada in faɗa. Da Malam Tasi'u ya zo bayan la'asar na tare shi a bakin ƙofa.

Na ce, "Malam, dokin nan ai ya mutu."

"Wane doki?"

"Tsawa."

"Wa ya kashe shi?"

"Kai, Malam. A kashi na uku."

Ya dube ni tun daga hula har silifas. Ya ce, "An gama bugawa?"

"An gama."

"To ya tashi." Ya wuce ciki, ya bar ni da ƙamshin turarensa.

Sai dai masu karatu ba su wuce ba. A wancan lokacin yawancinsu ba saye suke yi ba, haya suke ɗauka a shagon wani Iliya da ke Unguwar Gano, kuma a nan suke barin wasiƙa in suna da ƙorafi. Wadda ta fi zafi ta Hajiya Binta ce, wata dattijuwa mai sayar da atamfa a cikin gidanta a Babban Giji. Ita ke karanta wa matan layinsu littafin a fili, su zauna su kewaye ta. Ta rubuto cewa, "Malam marubuci, mu ba mahaukata ba ne. Doki ya mutu mun yi kuka, har wata a cikinmu ta ƙona miya. In wasa kake yi da hawayenmu, ka faɗa mana mu san inda za mu kai su." Iliya ya kawo wasiƙar da kansa, ya ƙara da cewa kashi na biyar na nan jibge a kan kantar shagonsa, ba mai taɓa shi.

Malam Tasi'u ya aiko aka kira ni daga wurin ninki. Ya ce, "Kai mai haddar matattun dawaki, zo ka fitar da ni."

Kwana uku ina neman hanya. A rana ta uku na kai rigata wurin wani tsohon tela a bakin titin Gyadi-Gyadi, ta yage a kafaɗa. Ya duba zarensa bai sami kalar ba. Sai na ga ya juya rigar, ya zaro zare daga cikin kalmasar gindinta, ya ɗinke kafaɗar da shi. Kafaɗa ta gyaru, gindi ya ragu. A tsaye a wurin na sami dokar.

Shafi ɗaya na rubuta, aka sa shi a farkon kashi na shida. Darmazu ya shiga wani kogo ya tarar da tsohuwa riƙe da allura, ya tambaye ta yadda aka yi dokinsa ya dawo. Ta ce masa duniyarsu riga ce. In ta yage, ita da kanta take ɗinkewa, amma daga jikinta take zaro zaren. Duk abin da ya dawo, kamarsa ne zai tafi, ba wanda ya fi shi ba, ba wanda ya gaza shi ba. Ta ce ya je ya tambayi Wazirin Birnin Gishiri labarin dokinsa. Ya je ya tarar a safiyar da Tsawa ya dawo, dokin Waziri ya ɓace daga turke, igiyar na nan ɗaure. Sunan abin Dokar Ɗinki. Hajiya Binta ta sake rubutowa, ta ce ashe marubuci ya san abin da yake yi tun farko, ta nemi gafara. Malam Tasi'u ya karanta wasiƙar sau biyu, ya ce, "Ai dama haka na tsara." Daga ranar na bar ninki.

Kayan aikina ba su da yawa, amma ku masu waya ba za ku iya riƙe su mako ɗaya ba. Littafin rubutu mai kauri guda huɗu, biro shuɗi, biro ja, da rula. Kowane mutum na cikin labarin yana da shafinsa: tsawonsa, tabon da ke fuskarsa, a wane kunci, da wane hannu yake riƙe takobi, wa ya haife shi, wa ya rantse zai kashe. In ya mutu sai in ja masa jan layi da rula, in rubuta kashi da shafi. Taswirar ƙasar na zana ta a bayan kwalin sabulu, da adadin kwanakin tafiya daga gari zuwa gari, don Malam yakan sa mutum ya yi tafiyar wata guda tsakanin azahar da la'asar. Duka ina sa su a leda biyu, ɗaya cikin ɗaya, ko da rani ne. Kafin in fita gida sai na buɗe na tabbatar huɗu ne. In na kai bakin titi sai in sake buɗewa.

Daga hannuna rubutun yake zuwa wurin Madam Rahila. Mutuniyar kudancin Kaduna ce, mijinta malamin makaranta, tana da shago kusa da mu, da kwamfuta ɗaya da take lulluɓewa da zanen gado in an tashi. Ita ke buga rubutun hannun Malam, wanda ba kowa ke iya karanta shi ba. Ranar Lahadi ba ta buɗewa ko sama za ta faɗo. In ta ga na shigo da leda sai ta ce, "Malam Ɗanlami, yau kuma wa za mu gutsure?"

Don abin da ya biyo baya ke nan. Tunda doka ta samu, Malam Tasi'u ya daina ko ɗan ƙoƙarin tunawa da yake yi a da. In na ce, "Malam, wannan an sare masa hannu a kashi na huɗu, ga shi yana tafi," sai ya ce, "Ɗinki zai gyara." Ɗinki kuwa ni ne. Sai in koma in buɗe littattafaina in nemo wani bawan Allah mai hannu daidai da wancan, in cire masa. Na tuna wani maƙeri da ke zaman lafiya da iyalinsa a wani ƙauye, bai taɓa yi wa kowa komai ba, ya wayi gari ba hannun dama, don kawai Malam ya manta. Na ƙafar da rijiya a gari guda don wata ta dawo da ruwa. Na makantar da boka. Masu karatu kuma suka zama alƙalai. A shagon Iliya ana musu har a tashi tsaye, ko hannun maƙeri ya kai hannun mayaƙi, ko raƙumi biyu sun kai giwa ɗaya. In na yi ƙwange a awo, wasiƙa na tafe. Ban taɓa yin ƙwange sau biyu a abu ɗaya ba.

Shekarar da ta karya mu ita ce wadda sojoji suka koma bariki. Zazzaɓi ya kwantar da ni kwana goma sha biyu. Malam ya ce kasuwa ba ta jiran mai zazzaɓi, ya ɗauki kashi na sha ɗaya ya kai wa Madam Rahila kai tsaye. Na warke na tarar littafin a kan kantar Iliya. Na buɗe a tsaye, na kai shafi na talatin, sai na nemi benci.

Sadauki Gurzam ya dawo. Gurzam shi ne babban abokin gabar Darmazu, wanda Darmazu ya jeho daga saman hasumiya a kashi na bakwai, aka ga gawarsa, aka binne ta, ni na ja masa jan layi. Ga shi a shafi na talatin yana jagorantar runduna, yana jawabi har shafi uku. Kuma littafin da bakinsa ya faɗa, ba sau ɗaya ba, cewa a duk faɗin ƙasar babu kamar Gurzam sai Darmazu.

Iliya ya ce, "Ka gani ko? Tun shekaranjiya mutane ke zuwa suna tambaya yaushe za a yi jana'izar Darmazu."

Na sami Malam a shagon Madam Rahila. Na buɗe masa shafin Gurzam, na nuna masa jan layin. Ya ce, "To sai me? Ɗinki zai gyara. Ka nemo wani ka cire."

"Malam, kamarsa mutum ɗaya ne."

"Darmazu? Kana da hankali kuwa? Shi ne littafin. Akwai tsohon nan mai gadin ƙofar gari, ka ɗauke shi."

"Malam, tsohon nan ko suna ba shi da shi. Sau biyu ya fito, duka yana gyangyaɗi."

"To ka ga ko an ɗauke shi ba zai ji ba."

Madam Rahila ta yi dariya har ta cire tabarau. Ni ban yi ba. Na ce doka ta ce kamarsa, kuma mutane sun haddace ta fiye da mu.

Sai fuskar Malam ta washe. A lokacin ko'ina ka juya maganar zaɓe ake yi, kowace katanga ta sha fosta, kowane mai shayi ya zama ɗan siyasa. Ya ce, "Ɗanlami, kai har yanzu mulkin soja kake yi mana. Doka ta ce, doka ta ce. Yanzu zamanin farar hula ne. A bar jama'a su zaɓa."

Haka aka yi. Aka huda murfin wani babban gwangwanin madara, aka ajiye shi a shagon Iliya. Aka liƙa takarda a ƙofa: duk wanda ya karanta kashi na sha ɗaya ya rubuta sunan wanda zai tafi, Darmazu ko mai gadi, ya jefa. Mako biyu aka bayar. Malam ya naɗa ni baturen zaɓe, ya ce don kowa ya san ba na cin komai sai farcena.

Ranar ƙidaya na zazzage gwangwanin a kan teburin Madam Rahila. Mai gadi ya lashe da gagarumin rinjaye. Har ya sami ƙuri'un da suka fi yawan mutanen da suka taɓa ɗaukar hayar littafin, don na tambayi Iliya. Na baje su ɗaya bayan ɗaya. Na mai gadi kusan duka a takarda iri ɗaya, da biro iri ɗaya, da rubutun da duk Kano mutum biyu ne ke iya karanta shi, ni da Madam Rahila. Ta ɗauki ɗaya ta kai hanci, ta ce, "Wannan jama'ar tana son turare." Na ware su gefe. Waɗanda suka rage hannu daban-daban ne, wasu a bayan takardar magani, wasu a yagaggen shafin littafin makaranta. Mafi yawansu Darmazu suka rubuta. Wani ya ƙara a ƙasa, "Allah ya ji ƙansa, amma gaskiya gaskiya ce."

Na ƙirga sau uku, na kai wa Malam. Ya ce, "Baturen zaɓe ba ya shinshina ƙuri'a. Ka sanar da sakamako." Ya zauna ya rubuta kashi na sha biyu a kwana tara. A shafin ƙarshe mai gadi ya ɓace daga kan kujerarsa, Darmazu ya hau doki ya nufi sabon yaƙi. Ya miƙo mini ya ce in kai wa Madam, shi zai tafi Zariya biki.

Daga gidansa zuwa shagon tafiyar minti goma ce. Na yi ta a awa biyu. Na tsaya a ƙarƙashin wata bishiyar darbejiya, na zare shafin ƙarshe, na rubuta wani a kan cinyata. Darmazu na kan Tsawa a gaban rundunarsa, ya ɗaga takobi, sai takobin ya faɗi ƙasa, ba hannun da ke riƙe da shi. Tsawa ya tsaya da sirdi ba kowa a kai. Na karanta, sai na hango wata ƙofa a buɗe: gobe Malam zai iya dawo da Darmazu ya ce Gurzam ne ya tafi. Na ƙara layi biyu, tsohuwa mai allura ta ce zaren da aka riga aka yi ɗinki da shi ba ya sake zaruwa har abada.

Madam Rahila ta gane hannuna tun daga kalmar farko. Ta ce, "Malam Ɗanlami, ka san abin da kake yi?"

Na ce, "Na sani."

"Darmazun nan shi ke ciyar da kai, da Malam, da Iliya, har da ni rabi."

"Madam, kin ga ƙuri'un."

Ta dube ni ta saman tabarau, ta ce, "Ni abin da aka kawo mini nake bugawa." Ta buga.

Malam ya dawo daga Zariya ya tarar littafin na kasuwa. Ya shigo shagon Madam Rahila da shi a hannu, yana haki. Abin da ya faɗa mini ba zan maimaita wa yara ba. Can ya tsaya, ya yi murmushi, ya ce, "Ba komai. Kashi na sha uku zan dawo da shi, Gurzam ya tafi. Ai kamarsa ne." Madam Rahila ba ta ɗago daga kwamfuta ba, ta ce, "Malam Tasi'u, karanta layin ƙarshe." Ya karanta. Ya ajiye littafin a hankali, ya ce in kawo masa littattafaina huɗu da kwalin taswira. Na kawo. Ya karɓa, ya ce kada ya sake ganina ko a hanyar masallaci.

Ya gwada ci gaba da Gurzam a matsayin jarumi, kashi biyu. Ba wanda ya ɗauka. Iliya ya ce mutane na zuwa su yaba kashi na sha biyu, su ce ba a taɓa yin littafi mai gaskiya kamarsa ba, sannan su ɗauki littafin soyayya su tafi. Ni na koma teburin ninki a Tarauni, kusa da injin nan mai tari.

A nan Hajiya Binta ta same ni wata safiya. Ban taɓa ganinta ba, wasiƙunta kawai na sani. Gajera ce, da jaka a hammata, ta tsaya a bakin ƙofa ta ce wane ne Ɗanlami. Aka nuna ni. Na miƙe na gaishe ta.

Ta ce, "Kai ne ka kashe shi?"

"Hajiya, doka ce."

"Wa ya kafa dokar?"

"Ni."

"To kai da ka kafa, an ɗaure maka hannu ne? Matan layinmu sun watse, ba mai zuwa karatu. Wata ta ce ko muryata ba ta son ji."

Na ce, "Hajiya, ba ni kaɗai ba ne. Jama'a sun zaɓa. Na ga taki ƙuri'ar ma, na san hannunki. Darmazu kika rubuta."

Ta gyara jakarta. Ta ce, "Na rubuta mana, ai shi ne daidai. Amma ɗan nan, a ƙasar nan ka girma? Na jefa ne don na san ba za a ƙirga ba."